Igiya Ce, Ba Zanen Gado Ba

Akwai wata mummunar ɗabi'a da ta samu gindin zama a wasu azuzuwan fassara tsakanin Hausa da Ingilishi. Da zarar an ci karo da salon maganar da ke siffanta mashayi, sai malami ya ce a tsallake, wai zancen barasa bai dace da aji ba. Ɗalibi zai kammala, ya sami aiki a gidan rediyo ko a kotu, wata rana ya tarar an ce wani mutum yana "three sheets to the wind". Sai ya buɗe ƙamus, ya ga "sheet" na nufin zanen gado, ya rubuta cewa mutumin ya shanya zannuwa uku a iska. Shi ke nan, bugagge ya koma mai wanki. A gaban alƙali kuwa, inda ake neman sanin ko direba yana cikin hayyacinsa, irin wannan kuskure na iya karkatar da hukunci.

A bakin matuƙan jiragen ruwa na da, "sheet" igiya ce da ke riƙe kusurwar ƙasa ta babban ƙyallen da iska ke bugawa ta tura jirgi. Idan igiya ɗaya ta kwance, ƙyallen zai riƙa kaɗawa. Idan uku suka kwance, jirgi zai ƙwace wa mai tuƙi, ya shiga tangaɗi. Wannan tangaɗin aka ara aka yafa wa mashayi, kuma maganar ta fito a littafin Real Life in London na 1821. Wanda ya san igiyar ba zai sake shanya zane ba. Zai ce mutumin ya yi mankas, yana layi.

Kalmar "groggy" ta fi wannan haɗari. Bayan Ingila ta ƙwace Jamaika a 1655, barasar rake ta shiga abin da ake raba wa sojojin ruwanta. A 1740 babban hafsa Edward Vernon ya ba da umarnin a riƙa sirka ta da ruwa don rage buguwa. Da ma sojojinsa na yi masa laƙabi da "Old Grog" saboda alkyabbarsa ta wani kakkauran yadi mai suna "grogram", sai suka raɗa wa sirkin suna "grog", wanda ya sha ya yi yawa kuma ya zama "groggy". An ci gaba da wannan rabo har 31 ga Yuli, 1970. Amma ma'anar ta yi ƙaura tuni. A yau mai magagin barci, da ɗan damben da ya sha naushi, da majinyacin da ke farfaɗowa daga allurar tiyata, duk ana kiran su "groggy". Mai fassarar da ya tsaya a ma'anar farko, ya ce dattijon da aka fito da shi daga ɗakin tiyata a buge yake, ya yi masa ƙazafi. Asali yana haska hanya, amma ba shi ke yanke ma'anar yau ba.

Masu tsallakewa suna da hujja: barasa abin ƙi ce a addini da al'ada, kuma yawan ambato na iya rage mata muni a idon matasa. Niyyar mai kyau ce, sai dai ta rikita sani da aikatawa. Likita yana karanta cuta ba don ya kamu da ita ba. G. P. Bargery bai cire giya da barasa daga ƙamusunsa na 1934 ba, haka kuma mai wa'azin da ke tsawatarwa a kan shaye-shaye sai ya kira abin da sunansa. Ita kanta Hausa ba ta yi shiru ba: ya bugu, ya yi tatul, ya yi marisa, ya yi mankas. "Bugu" aikatau ne ɗan aji na bakwai daga "buga", wato Bahaushe yana kallon mashayi a matsayin wanda aka doka har dukan ya ratsa shi. "Tatul" kuwa amsa-kama ne na cika. Mutumin tsibiri ya ɗauko hotonsa daga teku, mutumin tudu ya ɗauko nasa daga duka da cikar ciki. Wane darasin nazarin ma'ana ne ya fi wannan armashi?

Akwai ɓangare na biyu da ya cancanci tsawa, wato masu haɗiye duk tatsuniyar asali da suka tsinta a intanet. Gaskiya ne an saka gawar Horatio Nelson a gangar barasa bayan yaƙin Trafalgar na 1805 don kada ta lalace. Amma labarin cewa sojoji sun huda gangar sun shanye, har aka sami maganar "tapping the admiral", ƙawar zance ce. Likitan jirgin, William Beatty, ya rubuta yadda aka adana gawar, bai kawo wannan ba. Benjamin Franklin ya tattara kalmomin buguwa sama da 200 a 1737, akasarinsu ba su da alaƙa da jirgi. Daɗin labari ba hujja ba ne. Abin tambaya kullum shi ne: yaushe maganar ta fara bayyana a rubuce, a bakin wa, da wace ma'ana?

Rashin sani ya fi dare duhu. Malamin da ya tsallake darasi bai tsare ɗalibinsa daga kwalba ba, ya dai tura shi bakin aiki da rabin guzuri. Wanda zai biya kuɗin wannan sakaci kuwa shi ne majinyacin da aka kira mashayi alhali ko ɗigo bai taɓa kurɓa ba.