Naman Mahauci Halal, Ɗansa Haram?

Jama'a, in aka ce wariyar asali, sai mu ɗalibai mu miƙa yatsa Indiya, inda sai da tsarin mulkin 1950 ya haramta ƙyamar waɗanda ba a taɓawa. To, mu waiwayo gida mana. A Madachi, ko wani ƙauye tsakanin Rano da Kibiya, bari ɗan mahauci ya aika neman 'yar mai gari, mu ga amsar da za a ba iyayensa. Ba za a tambayi halinsa ko karatunsa ba, sai a ce, "Ɗan gidan wane ne?" Shi ke nan, magana ta mutu.

Alhali kuwa garmar da mai gari ke huɗa da ita maƙeri ya ƙera ta. Ranar suna wanzami ke aske jariri, mahauci ke feɗe rago, maroƙi ke shelar sunan. Mun ci moriyar ganga mun ya da kwaurenta!

Tun 1959 M. G. Smith ya rubuta yadda Bahaushe ya raba sana'a gida biyu, karda da shigege, ya kuma ajiye mahauta da makaɗa can ƙasa. Dokar Lugga ta 1901 ta 'yanta duk wanda aka haifa bayanta, ta 1936 ta soke bauta a Arewa, amma har yau in faɗa ya kaure sai ka ji an tono wa mutum rinjin kakansa.

Wa ya yi asara? Ƙauye. Saurayin da aka hana shi mata saboda uwar maƙera zai ajiye masaba ya tafi birni ci-rani, ya ɓoye sunan gidansu. Wutar maƙera ta mutu, manomi ya rasa mai gyara masa fartanya.

Masu cewa addini ne, su tuna Abu Hindu mai yin ƙaho ne, wato wanzami, kuma Annabi (SAW) ya umarci Banu Bayala su aura masa. Masu cewa doka ce, sashe na 42 na tsarin mulkin 1999 ya hana tauye ɗan ƙasa saboda haihuwarsa. Saura me? Girman kai tsagwaronsa.

'Yan'uwa, gobe mu ne alƙalai da malamai da iyayen 'yan mata. Ranar da ɗan Sarkin Fawa zai yi sallama a zaurenka, ran nan za a san ko karatun nan ya shige ka. Wassalam.