SHARHI: Yadda watannin shan maganin basir ke yanke wa masu sankarar dubura hukunci a Kano

Duk wanda ya ratsa Sabon Gari da hantsi, ya biyo ta 'Yan Kura ya nufi bakin Kantin Kwari, da wuya ya tsira daga amon lasifikar masu maganin basir. Mota ce an buɗe bayanta, an jera jarkoki da ƙullin gari, mai talla yana zayyano alamomin cutar da kalaman da ba kowa zai iya maimaitawa a gaban surukinsa ba: jini a bahaya, yunƙurin da ba ya ƙarewa, majina, rama. Masu tsayawa su saya suna da hujjarsu, domin akasarin masu ganin jini a bayan gida basir ɗin ne ke damunsu. Sai dai waɗannan alamomi, ba ragi ba ƙari, su ne kuma alamomin farko na sankarar dubura, kuma ba a bambance cututtukan biyu da kunne.

Ƙididdigar da cibiyar binciken sankara ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar kan shekarar 2022 ta nuna an samu sababbin masu sankara kusan 128,000 a Najeriya. Sama da 8,000 daga cikinsu sankarar babban hanji da dubura ce, wadda ta zo ta huɗu bayan ta mama, ta mafitsarar maza da ta bakin mahaifa. Kiyasi ne da aka gina kan waɗanda suka isa asibiti har aka rubuta sunansu. Wanda ya rasu a gida, danginsa na cewa basir ne ya ci ƙarfinsa, babu rajistar da ta ƙirga shi da sunan cutarsa.

Ga mai sankarar dubura, maganar warkewa kusan kullum tana bi ta ɗakin tiyata, kuma aikin iri biyu ne. Ɓangaren da ake magana a kai shi ne ƙarshen babban hanji, tsawonsa bai wuce santimita 12 zuwa 15 ba, yana kwance can cikin ƙugu, maƙale da mafitsara da jijiyoyin da ke kula da fitsari da mazakuta, ga mace kuma yana bayan mahaifa da farji. Idan ƙarin yana sama, ko bai kai ga tsokar da ke riƙe bahaya ba, likita kan yanke sashen da ya kamu, ya haɗa sauran hanjin da abin da ya rage. Sau da yawa akan buɗe wa mara lafiya ƙofa ta wucin gadi a gefen ciki don ɗinkin ya warke, bayan 'yan watanni a rufe ta, ya koma zagawa kamar kowa, ko da yake wasu kan yi fama da yawan fita na tsawon lokaci. Idan kuwa ƙarin ya sauko ya ci tsokar, babu abin da za a ajiye. Ana cire ƙarshen hanjin da duburar baki ɗaya, a ɗinke wurin, a fito da hanji ta jikin ciki, mutum ya rayu da jakar bahaya har ƙarshen ransa.

Wannan aiki na biyu ya girmi Najeriya: wani likitan Ingila, Ernest Miles, shi ya bayyana shi a 1908. A 1982 wani likitan na Ingila, Bill Heald, ya nuna cewa idan aka cire sashen hanjin tare da kitsen da ya lulluɓe shi, ba tare da an fasa lulluɓin ba, yawan dawowar cutar na raguwa ƙwarai. Daga nan, da zuwan na'urar ɗinke hanji a lungu mai zurfi da kuma ƙona ƙarin da haske kafin a yi aiki, ƙasashe masu hali suka riƙa ceto duburar mafi yawan marasa lafiyarsu. Likitocin Najeriya sun san duk wannan. Abin da ba su da iko a kai shi ne ranar da mara lafiya zai shigo.

Gaskiya ne wani ƙarin tun fitowarsa a ƙasa yake fitowa, ko da an zo da wuri sai an cire komai. Amma jinkiri shi ke mayar da aiki mai sauƙi mai tsanani, shi ke kuma ba cutar damar tsallakawa hanta da huhu, inda tiyata ba ta da sauran alkawarin warkarwa. A Amurka, cikin mutum goma da aka gano cutar tana nan wuri guda, kusan tara na raye bayan shekara biyar; idan ta bazu zuwa wasu sassan jiki, ba su kai biyu ba. Wani bincike da likitocin Jami'ar Obafemi Awolowo ta Ile-Ife, ƙarƙashin Farfesa Olusegun Alatise, suka yi da takwarorinsu na asibitin Memorial Sloan Kettering da ke New York, aka wallafa a 2021, ya gano cewa marasa lafiyar Najeriya sun fi na Amurka ƙuruciya, kusan rabinsu a duburar cutar take, kuma da yawansu sai ta riga ta bazu suke zuwa. Wannan batu na ƙuruciya ya kamata ya tsaya a ran duk wanda ke ɗaukar sankara cutar tsofaffi. Amurka kanta a 2021 ta rage shekarun fara gwaji daga 50 zuwa 45.

A ɗauki yaron shago a Kwari ko ɗan dako a Singa, mai shekara talatin da 'yan kai. Ya ga jini, kunya ta hana shi faɗa wa kowa. Ya sha jiƙo wata uku, ya koma kyamis aka ba shi maganin matsawa da na tsutsar ciki, wani ya ce atuni ne. A duk wannan zagaye babu wanda ya yi masa gwajin da ya fi kowane arha: ma'aikacin lafiya ya sa safar hannu ya duba da yatsa, abin da ba ya cin minti biyu, wanda kuma kan taɓo yawancin ƙarin da ke ƙasa. Daga nan ne ake tura mutum a leƙa hanjinsa da na'ura mai kyamara, a gutsuro nama a kai ɗakin gwaji. A Kano irin wannan na'ura tana manyan asibitoci kamar na Koyarwa na Malam Aminu Kano da wasu masu zaman kansu, kuma da kuɗin aljihu ake biya.

A watan Fabrairun 2024 hukumar NAFDAC da majalisar kula da harhaɗa magunguna suka rufe shaguna sama da dubu a Sabon Gari da kewaye, domin tilasta wa dillalan magani komawa sabuwar kasuwar Dangwauro da ke kan titin Zariya. An yi ta jayayya kan haya da jari da shari'a. Matakin ya shafi inda ake ajiye kwalayen magani da wanda ke sayar da su a sari, bai taɓa motar lasifika ba, bai kuma ɗora wa mai kyamis na unguwa wajibcin cewa da wanda ya dawo karo na biyu da ƙorafin jini, "Malam, wannan ya fi ƙarfina, tafi asibiti." Alhali wannan jimla guda tana iya zama bambanci tsakanin tiyata ta farko da ta biyu.

Gwamnatoci sun fi son ƙarshen labarin, inda ake yanke ƙyalle. A Janairun 2023 Shugaba Muhammadu Buhari ya buɗe cibiyar kula da masu sankara da gwamnatin Abdullahi Ganduje ta gina a Giginyu, bayan shekarun da Kanawa suka shafe suna tafiya Zariya, Sakkwato ko Abuja neman na'urar ƙona sankara. A 2025 gwamnatin tarayya ta buɗe wata a Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina. Babu mai hankalin da zai raina waɗannan gine-gine, domin mai sankarar dubura na cikin waɗanda suka fi buƙatar na'urar: makonni biyar zuwa shida na ƙonawa tare da magani kan rage girman ƙarin har a iya ceto tsokar. Amma na'ura na amfanar wanda ya iso da sauran lokaci ne, kuma da abin biya a hannu.

Nan ne siyasar lamarin take. Asusun tallafa wa masu sankara marasa galihu da gwamnatin tarayya ta fara a 2021 ya soma ne da asibitoci shida, na Zariya ne kaɗai a Arewa maso Yamma, kuma da cututtuka uku: mama, bakin mahaifa da mafitsarar maza. Cuta ta huɗu a jerin, wadda ke kama maza da mata, an bar ta a waje tun a zanen farko. Dokar inshorar lafiya ta 2022 ta wajabta wa kowane ɗan ƙasa shiga tsarin, amma har yanzu sama da kashi 70 cikin ɗari na kuɗin lafiya a Najeriya daga aljihun jama'a yake fita. Ƙaramar hukumar Fagge kuwa ta 'yan kasuwa ce da masu sana'ar hannu, mutanen da babu takardar albashin da za a cire musu kason hukumar taimakekeniyar lafiya ta jihar. Hoton ciki, gwajin nama, jini, tiyata, zagayen allurai, sannan jakunkunan da ake shigowa da su daga waje ana kuma sauya su a kai a kai har abada: duk a jihar da mafi ƙarancin albashinta naira 71,000 ne.

Akwai kuma abin da kasafin kuɗi ba ya gani. Wasu marasa lafiya, da zarar an ambaci jaka, sai su nemi sallama su koma gida, ba don kuɗi kaɗai ba. Tsoronsu shi ne alwala, sahun jam'i, shimfiɗar aure, da abin da za a ce a majalisa. Malaman fiƙihu sun daɗe da yi wa mai lalurar da najasa ke fita masa ba da ikonsa ba sauƙi a hukuncin tsarki da sallah, kuma masu jaka a ƙasashen Musulmi da dama suna sallah, suna aikin Hajji, suna harkokinsu. Sai dai wannan bayani ba kasafai yake isa gadon asibiti a ranar da ake buƙatarsa ba, kuma ma'aikatan jinya da suka ƙware a koya wa mutum zama da jakar ƙalilan ne. Wanda ya gudu daga tiyata yakan dawo bayan watanni, hanji ya toshe, a yi masa jakar cikin gaggawa da tsakar dare, wannan karon ba tare da begen cire cutar ba.

Ma'aikatar lafiya ta jihar Kano ba ta buƙatar sabon gini kafin ta umarci kowace cibiyar lafiya a matakin farko, daga Fagge zuwa Rijiyar Lemo, cewa babba mai jini a bahaya ba a sallamarsa da takardar magani sai an duba shi, idan jinin ya ci gaba a tura shi gaba cikin makonni. Majalisar dokokin jihar na iya tambayar nawa ne na'urorin leƙa hanji da ke aiki a asibitocin gwamnati, da nawa ake biya. 'Yan majalisar tarayya daga Kano kuma suna da damar neman a bayyana mutum nawa masu sankarar hanji da dubura asusun tallafin ya taɓa biya wa ko sisi tun 2021.