Kyanwar Lami a Karin Magana Kaɗai Take

Bahaushe kan kira wanda ba ya iya cutar da kowa kyanwar Lami, ba ta cizo ba ta yakushi. Zambon da ke cikin wannan magana ya dogara ne kan sanin da kowa ya yi cewa kyanwa ta gaskiya tana yakushi. Abin mamaki, da zarar mage ta kai farce jikin kujerar falo sai maigida ya manta da wannan sani, ya ɗauko bulala, ko ya kai ta bayan gari ya yar. Wannan hukunci zalunci ne, kuma ba ya tsirar da kujera.

Yakushi ba ƙeta ba ce. Farcen kyanwa yana girma ne ɓawo bisa ɓawo, kuma ta hanyar karta abu mai kaushi take zubar da tsohon ɓawo, sabo mai kaifi ya fito. Da shi take miƙe jijiyoyin kafaɗa da na baya idan ta tashi daga barci. Akwai kuma wani ƙanshi da ke fita daga tafin ƙafarta, wanda take shafa wa wuri domin sauran kyanwowi su san yana da mai shi. Hali zanen dutse ne. Duka ba zai kankare shi ba, sai dai ya koya mata tsoron mai gidan, ta riƙa jira ya fita sannan ta yi aikinta.

Wasu a ƙasashen Turai da Amurka sun nemi mafita wajen likitan dabbobi, a cire faratan ɗungurungum. Aikin kuwa ya wuce yankan farce, domin gaɓar ƙarshe ta kowane yatsa ake gutsurewa da ƙashinta. Shi ya sa Ingila da ƙasashen Turai da dama suka haramta shi, jihar New York ma ta bi sahu a 2019.

Hanyar da ta dace ita ce a ba ɗabi'ar wurin sauka. A samo gungume ko turke, a naɗe shi tamau da igiya mai kaushi irin ta rama. Tsayinsa ya kai yadda kyanwa za ta miƙe iya tsawonta, gindinsa kuma ya kafu, domin turken da ya girgiza sau ɗaya da wuya ta sake amince masa. A ajiye shi daf da kujerar da ta saba karta, ko kusa da makwancinta, a lulluɓe gefen kujerar da leda mai santsi na ɗan lokaci. Duk sa'ad da ta kai farce jikin turken, a ba ta ɗan nama nan take; in aka jinkirta, ba za ta danganta ladan da aikin ba. 'Yar kyanwa ta fi saurin ɗauka, don icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Mai cewa wannan hidima ta yi wa mage yawa, ya tuna hadisin matar da ta shiga wuta saboda kyanwar da ta tsare ba ci ba sha. Wanda ya kawo dabba gidansa don ta kore masa ɓeraye ya ɗauki amanarta, kuma faratan da take kama ɓeran da su, su ne dai take buƙatar wasawa.