Mugu Ba Shi Da Kama, To Me Ya Sa Muke Yi Masa Ƙaho?



A 'yan watannin nan mun karanta gajerun labarai da dama da aka turo a kan matsalar 'yan bindiga, kuma kusan duk mugu ɗaya ne ke yawo a cikinsu, suna kawai ake sauya masa. Idanunsa jajaye ne kamar garwashi, muryarsa kamar aradu, in ya kashe mutum sai ya tuntsire da dariya. Ba shi da uwa, ba shi da gari, ba a taɓa goya shi ba. Daga daji yake faɗowa cikin labari kamar aljani, ya yi ɓarna ya koma. Mun san dalili. Da yawanmu 'yan Isa ne, ko Turba, ko Gatawa, ko Sabon Birni, kuma wanda ya kwana a gona saboda tsoro ba a koya masa yadda zai ji haushi. Duk da haka muna ganin wannan hoton ƙarya ne, kuma ƙaryar mu take cuta.

A farkon Disambar 2021 'yan bindiga suka tare wata motar fasinja da ta taso daga Sabon Birni, a kusa da Gidan Bawa a kan hanyar Isa, ta ƙone da mutane a ciki. Hukumomi suka ce mutum 23 ne suka rasu, mutanen yankin suka ce sun fi haka. Kalmar da ta cika bakin kowa a ranar ita ce, waɗannan ba mutane ba ne. Mu ma mun faɗe ta, mun rubuta ta a Facebook. Tana sanyaya zuciya, don tana gina katanga tsakaninmu da su. Amma kowane ɗaya daga cikin waɗanda suka tsaya a bakin hanyar nan an haife shi, an raɗa masa suna, wata mace ta hana idonta barci a kansa. Tambayar da ta kamata ta hana marubuci sakat ita ce: daga ranar suna zuwa ranar Gidan Bawa, wace turba ya bi?

Addininmu bai taɓa ɓoye mana amsar ba, mu ne muke karatu ba mu lura. Ku koma Suratul Ma'ida ku duba labarin 'ya'yan Annabi Adamu biyu, waɗanda malaman tafsiri suka kira Habila da Ƙabila. Mai kisan farko a bayan ƙasa ɗan'uwan wanda ya kashe ne, ciki ɗaya. Abin ya fara ne da ibada, kowa ya gabatar da baiko, aka karɓi na ɗaya aka bar na ɗaya. Sai hassada, sai barazana da baki, sannan ransa ya yi ta lallashinsa har kisan ya zo masa da sauƙi. Bayan ya aikata kuma sai ga shi tsaye da gawa bai san yadda zai yi da ita ba, har hankaka ya nuna masa tonon ƙasa, ya koma yana nadama. Ku dubi yadda aka gina wannan mutum a ayoyi kaɗan: yana da dalili, yana da matakai, yana da rauni. Babu inda aka ce idonsa ja ne.

Mukan kuma fake da cewa sharrin Shaiɗan ne. To Suratu Ibrahim ta gaya mana cewa ranar hisabi shi kansa Iblis zai zame, ya nuna cewa kira kawai ya yi, mutane suka amsa da ƙafarsu. Malamai sun yi bayanin rai mai umurni da mummuna, da rai mai zargin kansa, da rai mai natsuwa, kuma duka ukun halaye ne da mutum guda kan ratsa. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya kwatanta cikin ɗan Adam a Ihya'u da wurin da kare da alade da shaiɗan da mai hikima suka haɗu a fata ɗaya: fushi, da kwaɗayi, da makirci, da hankali. Bai ce wannan siffar mutanen daji ba ce. Da mai karatun littafin yake magana.

Abin mamaki, masana halayyar ɗan Adam sun biyo wata hanya dabam suka iso kusa da nan. A 1961 Stanley Milgram na Jami'ar Yale a Amurka ya tara mutane irin waɗanda ake gani kullum a titi, ya ce su riƙa jona wa wani mutum lantarki duk lokacin da ya kasa amsa tambaya. Lantarkin na bogi ne, mai ihun ma wasa yake, amma su ba su sani ba. A gwajin da ya fi shahara, 26 cikin 40 sun kai har bolt 450, ƙarshen na'urar, don kawai wani mai rigar ɗakin bincike yana cewa su ci gaba. Abin da ya fi amfani gare mu a matsayin marubuta shi ne yadda aka tsara na'urar: daga bolt 15 ake farawa, a riƙa ƙara 15. Da an ce wa mutum ya fara da 450 da wuya ya yarda. Amma wanda ya danna 90, da wane baki zai ce 105 ce haramun? (Af, masu son kawo gwajin kurkukun Stanford na 1971 a rubutunsu su yi hattara, don daga baya an fito da shaidar cewa an zuga masu gadin su yi tsanani.)

Yanzu ku ɗauko wannan tsani ku jingina shi a garuruwanmu. Yaron da ya fara da kai burodi da fetur daji don a ba shi na kashewa. Gobe a ce ya sayo kati da ƙwaya. Jibi a ce ya zauna da waɗanda aka kama kada su gudu, ai shi bai taɓa kowa ba. Wata rana a miƙa masa bindiga ya riƙe. A kowane mataki yana da abin da zai gaya wa kansa ya yi barci. Sannan ga infoma, wanda ya fi kowa ruguza hoton da muke zanawa: a cikin gari yake, sahu ɗaya muke sallah, yana zuwa gaisuwar mutuwar da bakinsa ya jawo, ya ɗaga hannu a yi addu'a da shi. Wannan ne Bahaushe ya hango da ya ce mugu ba shi da kama.

Akwai kuma aikin da harshe ke yi, kuma nan ne laifi ya fi kusa da masu alƙalami. Kafin a kashe mutum da hannu, sai an fara rage masa daraja da baki. A Ruwanda a 1994 gidan rediyon RTLM ya yi ta kiran 'yan Tutsi kyankyasai, sannan adduna suka biyo baya. A wurinmu kalmomin sun bambanta amma aikinsu ɗaya: wannan ya ce duk Bafulatani ɓarawo ne, wancan ya ce duk Kaɗo ɗan sa-kai ne. A Oktoban 2021 'yan sa-kai suka kashe Fulani 11 a kasuwar Mamande ta Gwadabawa. A cikin watan aka kai hari kasuwar Unguwar Lalle a Sabon Birni, aka kai na kasuwar Goronyo inda aka kashe fiye da mutum 40. Masu cin kasuwa ne suka mutu a duka ukun. Masanin nan Roy Baumeister ya lura a littafinsa na 1997 a kan mugunta cewa mai zalunci kusan kullum kallon wanda aka zalunta yake yi wa kansa. Kowa yana fara ba da labari ne daga ranar da aka cuce shi, ya tsallake ranar da ya cuci wani. Bello Turji ma da aka yi hira da shi, daga satar shanun gidansu da kashe danginsa ya faro.

To a nan ne wani zai tsayar da mu, kuma yana da gaskiyarsa. Zai ce, kuna so ku wanke su ke nan? Ku je ku karanta wa matar da ke gudun hijira a Gidan Runji ta jihar Maradi labarin yarintar wanda ya kashe mijinta. Ku gaya wa iyalin Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, wanda aka sace a Yulin 2024, duniya ta ga bidiyonsa yana roƙon a cece shi, aka kashe shi a watan Agusta. Wannan tsoron ba na mutum ɗaya ba ne. A 2022 hukumar NBC ta ci tarar Trust TV naira miliyan 5 a kan shirin da ta yi da 'yan bindiga, bisa zargin kambama su. Kuma gaskiya ne akwai rubutun da ke mayar da ɗan ta'adda gwarzo, kamar yadda muke gani a TikTok. Wannan ba ma goyon bayansa ko kaɗan.

Amma ku lura da wani abu. Kura ba ta da hisabi a kan akuyar da ta ci, ba a kai ta gaban alƙali, don ba ta da zaɓi. Ranar da muka ce ɗan bindiga dabba ne, ranar muka sauke masa laifi ba mu sani ba. Sai mun tsayar da shi a matsayin mutum mai hankali, wanda ya iso mararraba ya zaɓi hagu, sannan jinin zai hau kansa. Makiyaya nawa aka kwashe wa shanu ƙaf suka koma gadi da ga-ruwa a birni ba su ɗauki bindiga ba? Manoma nawa aka ƙone wa rumbu ba su je sun tare Bafulatanin da ya kawo nono kasuwa ba? A ɗakin Milgram ma mutum 14 sun miƙe sun ce ba za su ƙara dannawa ba. Labarin da ya nuna waɗannan kusa da wanda ya danna ya fi kowace dariyar mugunta tona asirin mugu.

Ƙasar nan da muke takawa ta taɓa ganin marubucin da ya yi irin wannan kallo. Kufan Alƙalawa na nan a yankin Sabon Birni. Kafin birnin ya faɗi a 1808, Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya bar rundunar jihadi ya nufi gabas har ya tsaya Kano, saboda son duniya da son mulki da ya gani sun fara shiga wasu daga cikin mutanensa. Da abokan gaba kaɗai ya zuba wa ido, da bai gani ba. Ya dubi sahun da yake ciki, kuma ya rubuta abin da ya gani a Tazyinul Waraƙat.

Don haka ga abin da muke nema a wannan makon. Shafi biyu ko uku, ba fiye ba. Ku rubuta mana daren farko da infoma ya karɓi kuɗi, da abin da ya saya da su, da wanda ya ci a gidansa. Ko uwar da ɗanta ya dawo daga daji da atamfa sabuwa, ta riƙe ta a hannu ta san inda ta fito. Ko ɗan sa-kai da ya gane fuskar yaron da aka kama, don tare suka yi makarantar allo. An hana jan ido, an hana dariyar mugunta. Ku ajiye a ƙarƙashin wannan rubutu kafin Juma'a. Kada kowa ya saka sunan mutum na gaske ko na ƙauyensu, don wannan zauren a buɗe yake, kuma ana karanta mu a inda ba mu zata ba.