Wai Littafin Da Aka Hana Buɗewa Shi Ne Mai Daraja!

Idan mai karatu bai manta ba, akwai wani ƙato mai takobi da ake kira He-Man, wanda yaran birni suka sha kallo a katun shekarun baya. To, ga shi ya dawo, har wasu samari sun fara kwaɗayin tara littattafan zanensa, kamar yadda suke gani ta wayar salula ana yi a Amurka. Su littattafan ba su cika kai wa ƙauye ba, amma hotunansu da kwaɗayinsu suna iya isa Zakirai, hedkwatar Gabasawa, cikin daƙiƙa guda.

Abin da da yawa ba su sani ba shi ne, ba labari aka fara yi ba, haja aka fara yi. Kamfanin Mattel ne ya fito da 'yan gumakan roba na wasan yara a 1982, yana cusa ɗan ƙaramin littafin zane a cikin kwalin kowanne. Sai a 1983 kamfanin Filmation ya shirya katun ɗin, kashi 130, don yaro ya kalla ya tasa ubansa gaba da kuka sai an saya masa. Wato talla ce aka yi wa rigar tatsuniya.

Da kasuwa ta yi sanyi aka ajiye shi. A 2002 aka sake tono shi da sabon zane da sababbin littattafai, bai wuce kashi 39 ba ya sake mutuwa. A 2021 Netflix ta sake tayar da shi, kamfanin Dark Horse kuma ya biyo baya da littattafai 4. Ba don labarin bai ƙare ba ne, a'a, yaran 1983 ne suka girma suka sami albashi.

Abin takaicin ma yana wajen tarawar. Littafi ɗaya sai a buga shi da bango iri-iri, alhali cikinsa ɗaya ne, don mai tarawa ya sayi abu guda sau uku ko huɗu. Sannan akwai wani kamfani, CGC, da tun 2000 ake aika masa littafi ya ba shi maki, mafi girma 10, ya garƙame shi cikin roba. Wanda ya fasa robar ya karanta, wai ya rage masa daraja! Wannan fa ko kurman littafi ba a yi wa haka.

Masu cewa ai jari ne, su tuna 1992, lokacin da aka buga labarin mutuwar Superman, mutane suka saye miliyoyi suka ɓoye cikin leda suna jiran tsada. Abin da kowa ya ɓoye wa zai saya? Kasuwar ta karye, har kamfanin Marvel ya tsiyace a 1996.

Littafi irin wannan kusan dala 4 ne a can, kuma a 2024 dala ta haura naira 1,500, ban da kuɗin kawowa. Saurayin da ya yi damina yana duƙe a gonar gero da gyaɗa ya lissafa tiya nawa ke nan.

Ba son labarin jarumai ne aibi ba. Wanda ya tashi da Ganɗoki da Iliya Ɗan Maiƙarfi, ko littattafan yaƙi na Abdul'aziz Sani Madakin Gini, ya san daɗinsa. Sai dai waɗannan haya ake ɗaukarsu ko aro, kwafi ɗaya ya zaga unguwa, a karanta wa wanda bai iya ba a dandali da dare, har bango ya cire a ɗinke da zare. Idan ya dawo hannun mai shi da maiƙon ƙuli-ƙuli a shafi, ba wanda ke cewa an yi asara.