Marubuci, a wane wata jarumin ka ya bar gida?

Ya kai mai karatu, bari in fara da abin da ya ɓata mani rai. Kwanan baya na shafe dare biyu a kan wani littafin yaƙi, irin na sadaukai da aljanu da matsafa. Marubucin ya ƙago ƙasa, ya ƙago sarki, ya ƙago dodo mai kai bakwai. Amma da boka ya tashi ɗibar wa jarumi wa'adi, sai ya ce ya dawo ranar Litinin 12 ga Disamba. Disamba kuma? A birnin aljanu? Sunan da Rumawa su ka raɗa wa watan su na goma? Abin bai tsaya nan ba. Daren da jarumi ya fita farin wata ne ƙal, daren sha huɗu. Bayan tafiyar kwana uku sai ga shi ya na hangen jinjirin wata. Ko yaron da ya taɓa fita duban watan Salla ya san hakan ba ta yiwuwa.

Na kai ƙorafi wajen wani abokina marubuci, sai ya bushe da dariya: "Haba malam, ai duk ƙarya ce, wa ya damu da wata?" To wannan amsar ce na ke so mu yi faɗa da ita yau.

Ka san fim ɗin The Lord of the Rings, wanda Peter Jackson ya fitar kashi uku a 2001 da 2002 da 2003, na ukun har ya lashe kambun Oscar 11. Littafin J.R.R. Tolkien ne, malamin tsohon Ingilishi a Jami'ar Oxford ta Ingila. A ƙarshen juzu'i na uku, wanda ya fito a 1955, mutumin nan ya zauna ya tsara wa gajerun mutanen sa, Hobbit, kalandar su ta kansu.

Duba yadda ya yi. Wata 12, kowane kwana 30, ya zama 360 ke nan. Sauran kwana biyar ɗin ba su cikin kowane wata, ranakun biki ne: biyu a mahaɗar tsohuwar shekara da sabuwa, uku a tsakiyar shekara. Shekara mai ƙari kuma a ƙara kwana ɗaya a bikin tsakiya. Ga inda wayon ya ke: kwana 365 mako 52 ne da rarar kwana ɗaya. Sai ya ce ranar tsakiyar shekara ba ta da suna a cikin mako, haka ma ranar ƙari. Saboda haka kowace shekara da Asabar ta ke farawa, ta ƙare da Juma'a, kuma wanda aka haifa ran Laraba, har ya mutu ranar haihuwar sa Laraba za ta riƙa faɗowa. Da ya ke babu watan da ke kamawa ran Juma'a, idan ɗan Hobbit ya ce zai biya ka bashi ran Juma'a ɗaya ga wata, to sai baba-ta-gani. Ka ga lissafi ya haifi barkwanci, barkwanci kuma ya sa ka ji kamar mutanen sun taɓa rayuwa.

Za ka ce wannan ai ƙawa ce a bayan littafi. A'a, a cikin labarin ta ke aiki. Tolkien ya ɗauki tafiyar wata ta shekarun 1941 da 1942 ya ɗora labarin a kai, don jaruman da su ka rabu, kowa na wata nahiya, su ga wata iri ɗaya a dare ɗaya. Akwai wurin da Sam, bayan sun bar dajin Lorien, ya dubi wata ya rikice, don lissafin sa bai yi daidai ba. Ta haka mai karatu ke gane cewa lokaci a wannan dajin ba ya gudu kamar na waje. A The Hobbit na 1937 kuwa, kafar makullin ƙofar dutse ba ta bayyana sai a rana guda cikin shekara. Cire kalanda, ka cire fargabar ko za su isa a kan kari.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne, Tolkien bai je nesa neman sunaye ba. Ya koma tsofaffin sunayen watanni na kakannin sa, waɗanda malamin nan Bede, da ya rasu a 735, ya adana. Akwai watan da ake tatsar shanu sau uku a yini, akwai watan yankan dabbobi. Mu fa? Mu na da Watan Cika-ciki, da Azumin Tsofaffi, da Sha Ruwan Tsofaffi, da Bawan Salloli. Mu na da bazara da damina da kaka da hunturu da rani. Mu na da manoman da ke duban Kaza da 'Ya'yanta, da ƙauyawan da ke ƙirga mako da ranar kasuwa. Wanda ya tashi cikin wannan arziki bai da uzurin kai Disamba birnin aljanu. Me zai hana ya ƙago Watan Kukan Kura, ko Watan Ƙafewar Rijiyoyi?

Na san akwai mai cewa ƙago kalanda shisshigi ne, watanni ai an riga an ƙayyade su. Malam, ba wanda ya ce ka yi azumi da kalandar Hobbit. Wanda ya yarda da doki mai fukafukai a shafi na biyar, ban ga dalilin da sunan wata zai firgita shi a shafi na shida ba. Akwai kuma mai cewa mai karatu ba ya lura. Wannan raini ne. Ya na lura, shiru kawai ya ke yi, gobe kuma ya ƙi sayen kashi na biyu.

Ba na ce kowa ya zama Tolkien ba. Falle ɗaya ya isa: shekarar ƙasar ka kwana nawa ce, yaushe ruwa ke sauka, wace rana jarumi ya fita, wata na kwana nawa a daren. Manna ta a bango kafin ka rubuta babi na ɗaya. 'Yan fim ma haka, kada jaruma ta ce "jibi zan dawo" gero na kore shar, ta dawo an yi girbi.

Kai kuma mai karatu, kuɗin ka ne da lokacin ka. In ka ci karo da wata ya yi tsalle daga sha huɗu zuwa jinjiri cikin kwana uku, rubuto wa wannan mujalla, ka faɗi shafin. In mun yi shiru, haka za a ci gaba da yi mana.