Zancen Malamin Makaranta: Inji Yana Ɗebo Ruwa, Ba Ya Haifarsa

 A wannan wata zan yi magana a kan ruwan lambu, gama wani abu ya faru a unguwarmu wanda ya hana ni sukuni.

Akwai yara biyu a ajina, ɗan wa da ɗan ƙane, kullum a benci ɗaya suke zama. A watan Maris sai na ga kowa ya koma gefensa, ba mai kallon wani. Da na bincika, ashe iyayensu maza ne suka ɓata. Lambunansu suna bakin rafi ɗaya, na wan yana sama, na ƙanen yana ƙasa. Wan ya sayi injin ban ruwa mai bakin inci uku, ya haƙa rami mai zurfi cikin yashin rafin, yana ja safe da yamma. Kafin albasar ƙanen ta ƙosa, raminsa ya ƙafe, sai laka. Albasar nan kuwa ita ce kuɗin makarantar 'ya'yansa. Ran Lahadi bayan sujada ya tsare ni a bakin ƙofa, ya ce, "Malam, kai da ka yi karatu, gaya mini, ruwan da ke ƙarƙashin yashi na wane ne?" Na yi shiru, domin tambayar ta fi ƙarfin amsar tsaye.

Bari mu fara da inda ruwan yake fitowa. Ƙasarmu ta Bakori da Funtuwa da Malumfashi ba matalauciyar ruwan sama ba ce. Mukan sami kusan milimita 1,000 a shekara, daga Mayu zuwa ƙarshen Satumba, shi ya sa masara da auduga da dawa suke yi a nan fiye da arewacin Katsina. Na ba 'yan aji shida wannan lissafi: rufin kwano mai tsawon mita 10 da faɗin mita 8, idan aka yi ruwa milimita 1,000, lita nawa ya zubo daga indararo? Amsa ita ce lita 80,000, watau duro 400 na lita 200. Rufin gida ɗaya ke nan. Yaran suka ce lissafin ƙarya ne, sai da muka sake shi sau biyu a allo.

To, ina ruwan yake tafiya? Ƙarƙashin ƙasarmu dutse ne, ba ya riƙe ruwa da yawa, sai a tsagoginsa da cikin yashin fadama. Sauran yakan gangara ya bar mu. Gulbin Sakkwato ma daga kusa da Funtuwa ya taso, ya bi ta Gusau, ya shiga madatsar Bakolori kusa da Talata Mafara. Baƙi sukan rikita Bakori da Bakolori, har wasiƙa takan ɓata hanya. Ni dai nakan ce musu zumuncin da ke tsakaninmu shi ne ruwan damunarmu yana cikin wanda suke noman rani da shi.

Tun da na ambaci Bakolori, ya kamata matasa su san labarinta. An gama gina ta a 1978. Ruwa ya cinye gonaki da gidajen dubban mutane, aka yi ta jayayya a kan diyya, har a Afrilu 1980 'yan sanda suka buɗe wa manoma wuta, aka rasa rayuka da yawa. Waɗanda suke ƙasa da madatsar kuma suka rasa ambaliyar da take jiƙa musu fadamar shinkafa kowace shekara. Rigimar wa da ƙane ce, sai dai babba: na sama ya tare, na ƙasa ya bushe. A jiharmu an gama madatsar Zobe kusa da Dutsin-Ma a 1983, ta yi shekaru da yawa cike da ruwa, gonakin da aka yi niyyar shayarwa suna jira. A nan ƙaramar hukumar Bakori an ba da aikin madatsar Jare a 2006, aikin ya yi shekaru a tsaye. Ba na ƙin babbar madatsa, ina marmarinta ƙwarai. Amma mai albasa ba zai ce wa albasarsa ta dakata har a gama kwangila ba.

Abin da ya canja noman rani a wurinmu ƙananan abubuwa ne. Mahaifina yakan ba ni labarin Shirin Raya Aikin Gona na Funtuwa, wanda aka yi da rancen Bankin Duniya daga 1975 zuwa 1980, jim kaɗan bayan babban farin nan na 1973. Ya shafi gundumomin Funtuwa, Bakori, Malumfashi, Faskari da Ƙanƙara. Ya kawo takin zamani da hanyoyin karkara da ƙananan madatsu na ƙasa. Ni kuma da idona na ga na biyun. Ina yaro, da jigo ake ban ruwa: sanda doguwa, dunƙulen laka a gindinta, guga a bakinta, mutum yana sunkuyawa yana miƙewa har rana ta take. Da shirin Fadama ya zo wajen 1993, sai ƙananan injuna masu shan fetur da bututun da ake kafawa cikin yashi suka bazu. Mai fangali ashirin ya koma mai fangali ɗari. Ku dubi tumatir da rake na wajen Ɗanja, ku dubi motocin da suke lodi zuwa kudu. Alheri ne babba, kada wani ya ce na raina shi.

Sai dai jigo yana da wata kunya wadda inji ba shi da ita. Mai jigo bayansa yakan gaji, ya huta, rami ya sake tsattsafowa, na ƙasa ya samu. Inji ba ya gajiya sai fetur ya ƙare. Da aka cire tallafin fetur a Mayu 2023, kuɗin lita ya ninka fiye da sau biyu cikin 'yan kwanaki, mutane suka fara ƙidaya awoyin ban ruwa dole. Yanzu masu hali suna komawa injin hasken rana. Ina murna da shi, amma ina jin tsoro kaɗan, gama wanda ba ya sayen fetur ba abin da zai tuna masa ya kashe inji, sai tausayin maƙwabci.

Ga kuma ɓarnar da muke yi tun da damina. Muna nome gona har bakin rafi, mun sare itatuwan gaɓa, muna yin kunya tana bin gangare domin ta fi sauƙi ga shanun huɗa. Ruwa ya zo da gudu, ya kwashe ƙasar sama da takin da muka saya da tsada, ya zuba su cikin madatsa. Kowane kwandon laka da ya kwanta a ciki ya kori kwandon ruwa. Wanda ya san ƙananan madatsun nan tun yana yaro ya san inda dā ake iyo, yau ciyawa ce da kwaɗi. Kunyar da ta gitta gangare tana tsai da ruwa ya nutse, jerin duwatsu a bakin kwazazzabo yana rage masa gudu, ruwan da ya nutse a Agusta kuwa shi ne inji yake jawowa a Maris.

Maganar wa da ƙanen nan ta kai gaban wani dattijo wanda dukansu suke kira Baba. Bai yi dogon wa'azi ba. Ya tambayi wan, "Sa'ad da ubanku yake da rai, rami nawa ne a rafin nan?" Ya ce, "Huɗu ne, Baba." "Yau fa?" Aka ƙidaya, goma sha ɗaya. Baba ya ce ashe laifin ya wuce mutum ɗaya, a kira duka masu lambu. Da kyar aka shirya: na sama su ja Litinin da Alhamis, na tsakiya Talata da Jumma'a, na ƙasa Laraba da Asabar, a bar rafin ya huta ran Lahadi. Ban ruwa da sassafe ko da la'asar sakaliya, ban da tsakar rana da zafi yake shanye ruwa. A shimfiɗa kara da ciyawa a gindin shuka. Aka kuma bar mashaya ɗaya da hanyarta domin shanun makiyaya, wadda wani ya riga ya shinge da ƙaya. A kan wannan aka fi jayayya, mutum biyu har yanzu suna gunaguni.

Rabin albasar ƙanen ta riga ta tafi, shirin bai dawo da ita ba. Wan ya ba shi aron injinsa a ranakunsa, ya kuma biya wa yaro ɗaya kuɗin zango. Matansu sun soma gaisawa, ko da yake gaisuwar ba ta da tsawo tukuna.

Ni da 'yan aji shida mun ɗaura ƙulli a igiyar guga, taku ɗaya tsakanin ƙulli da ƙulli. Kowace Litinin muna auna rijiyar makaranta muna rubutawa a bayan littafin lissafi. Daga farkon Fabrairu zuwa yau ruwan ya sauka ƙulli biyar. Masu karatu na wajen Malumfashi da Ƙafur da Ɗanja, in kuna da rijiya a gida ko a lambu, ku auna taku, ku aiko wa Edita, mu gwada da tamu bayan ruwan fari ya sauka.